Shafin Baba Awal

Tun ba a gama tafi ba a taron ƙaddamarwa, Hafsa ta bi littafin daga bango zuwa bango. Tarihin ƙungiyar mawaƙan jami'a ne, na cikarta shekara arba'in, shafi ɗari da ashirin, har da hoton motar wani farfesa. Babu sunan babanta. Ko kalmar Nima, unguwarsu, babu.

To, shekarar da aka rufe jami'a, tana 'yar goma, ina suka dosa? Tsakar gidan babanta, Baba Awal, ladanin unguwa. Wata tara suna rera waƙoƙinsu a nan, har da na coci, suna share tuwon uwarta. A kan haka dattawan masallaci suka karɓe lasifika daga hannunsa, bai ƙara kiran salla ba har yau. Amma wai a littafi ƙungiyar ta koma "wani zaure a cikin gari". Zaure!

Ta ratsa mutane ta tsaya gaban Dakta Wasiu, shugaban ƙungiyar. Shi ne ɗalibin da ya durƙusa wa babanta a wancan lokaci, da takalmi mai ɓula.

"Dakta, ina gidanmu a nan?"

"Ei, Hajiya, ka yi haƙuri," ya ce da Hausarsa ta zango, yana waige-waige. "Manyan baƙi ke karantawa. In suka ji Nima, ka san mutane..."

"Na san su. Na san wanda ke lashe kwano a gidanmu har ya nemi ƙari. Tsoho ya rasa masallacinsa saboda ku, yau sunan unguwarsa ne ke muku wari? Allah ya isa!"

Ba ta jira amsa ba. A trotro ma, motar hayar da ta shiga zuwa gida, kwandasta ya sha nasa, shi da bai ci ba bai sha ba.

Ta tarar da Baba a kan buzunsa, da babbar rigar da ya sa tun safe ko da za a aiko masa mota. Idanunsa sun daɗe da mutuwa, kunnen dai garau.

"Hafsatu, kin kawo? Karanta min wurinmu."

 Ta buɗe tsakiyar littafin ta fara zuba abin da babu. Ta karanta bishiyar mangwaro, da bencin da suka karya, da yadda ladani ke gyara musu numfashi in murya ta hau sama. Ta karanta godiyar ƙungiya ga Malam Awal na Nima. Tana yi tana jin kamar ta yayyaga takardun.

 Can ya cire hularsa ya ajiye gefe.

"Kin iya karatu, 'yar nan," ya ce. "Sai dai tun da kika fara ban ji kin juya shafi ba."