Ƙadangaren da Ba Shi da Shaidar Mutuwa

Karo na uku ke nan Dakta, masaniyar ƙasusuwan dabbobin zamanin da, tana buɗe akwatin a kan kantar ofishin ba da izinin fita da kaya. A cikin auduga akwai ɗan falalen dutse kamar tafin hannu, da ƙwarangwal ɗin ƙadangare manne a jikinsa, haƙarƙarin sirara kamar tsinken tsintsiya. Jirginta ƙarfe huɗu zai tashi. Shekara biyu ta yi tana jiran layin wata na'ura a ƙasar waje da za ta leƙa cikin ƙoƙon kan ƙadangaren, kuma duk wanda ranarsa ta wuce shi, ƙarshen layi yake komawa.

Magatakarda ya gyara tabarau. "Hajiya, da hannunki kika rubuta ƙadangare. Ƙadangare dabba ne. Mai rai ne ko matacce?"

"Malam, dube shi mana."

"Ni ba likita ba ne." Ya zaro wata takarda. "Bari mu ce matacce. Ranar mutuwa?"

"Shekara miliyan saba'in ke nan. Tun zamanin gagga-gaggan dabbobin nan, dinoso. Irinsa ma sun ƙare a duniya."

"Allahu akbar," in ji matar da ke tebur na gaba, idonta na kan waya. "Duk dangin?"

"Kuma sai yau ake kawo mana rahoto," in ji magatakarda cikin takaici.

Ya bayyana mata, da haƙurin mai koya wa yaro baƙi, cewa gawar dabba ba ta fita sai likitan dabbobi ya sa hannu cewa abin da ya kashe ta ba mai yaɗuwa ba ne. Likitan kuwa yana hutu sai Litinin.

Dakta ta dubi agogon bango. Biyu da kwata.

"Da a ce dutse ne fa?"

"Dutse? Ai hatimi ɗaya ne, ki kama gabanki."

Shekara goma sha ɗaya ta yi tana musu da farfesoshin da suka rantse tsagar dutse ce kawai take gani, har sai da suka miƙa wuya. Ta ari biron magatakarda, ta soke ƙadangare, ta rubuta dutse.

Ya buga hatimi, ya hura tawadar. "Ni fa tun da kika buɗe na san dutse ne. Ku masu boko akwai wahalar da kai."

"Na gode da gyara, Malam," ta ce, ta rufe akwatin a hankali.