Ƙaramin Yatsan Baba Gyang

Balaraba na juya masa a tanda a ƙofar gidanta da ke Dutse Uku sai ga maƙwabcinta Baba Gyang ya fito da gudu-gudu sauri-sauri, hannun dama a sama, yana dariya har da hawaye.

"Maman Ummi, na ƙone," in ji shi. "Zo ki gani da idonki."

Ta duba. Ɗan ja ne kawai a gefen ƙaramin yatsansa, inda butar shayi ta taɓa shi. Har ta buɗe baki za ta ce sannu, sai ta tuna yatsan nan ya daɗe ba ya jin komai. Ai kuwa ta saki cokalin ta rangaɗa guɗa, masu jiran masa suka yi cirko-cirko.

Baba Gyang kafinta ne, a kasuwar Katako ya tsufa. Tun bara waccan ƙaramin yatsansa da mai bi masa suka mace, suka lanƙwashe, naman bayan hannun ya zube. Guduma ta riƙa suɓuce masa, ya yanke da zarto bai sani ba sai da ya ga jini. Likita ya ce jijiyar nan ce da ke ba mutum shokin idan ya buge gwiwar hannu. Ta matse a gwiwar, ta kuma matse a wuyan hannu. Aka yi masa aiki a wuraren biyu, aka ce dawowar ji sai a hankali, wataƙila ma ba zai dawo ba. Tun daga nan ya zama mutumin zaman dakali, ko wasan da ya saba da yaran layi ya daina.

Ranar ƙunar nan kuwa unguwa ba ta huta ba. Ya sa matarsa Chundung ta kawo ruwan sanyi ya tsoma yatsan, ya karɓi allura wajen tela ya tsikari kansa, ya kira 'yarsa Klaudiya a waya yana ba ta labari da ƙarfi kamar daga nan za ta jiyo shi a Bukuru. Cikin makonnin da suka biyo ya koma maƙale takarda tsakanin yatsun biyu, yadda likita ke gwada shi, duk wanda ya gifta sai ya tsayar da shi ya ce ya ja. Da farko zarewa take ba wuya. Ranar da takardar ta yage a hannun mai Keke Napep ba ta zare ba, Balaraba ta raba masa kyauta.

Da ma ya yi mata alkawarin benci tun kafin ciwon, domin nata ya karye masu saye a tsaye suke ci. Ya je Katako da kansa ya zaɓo itace. Ta ce ya bi a sannu, hannun bai gama ƙwari ba.

"Ke dai soya masarki," ya ce. "Ƙarar gudumata za ta dame ki har ki gaji."

Ta kuwa dame ta, ita kuma tana jin daɗin damuwar. Ran Alhamis bayan azahar sai ta lura ƙarar ta ɗauke. Ta zaci abinci yake ci. Can ta ji Chundung na kiran sunansa, tana maimaitawa, muryar tana sauyawa. Balaraba ta shiga ko takalmi babu. Yana zaune ya jingina da bango, samfefar goge katako a hannunsa, garin katako a kan gwiwoyinsa. Zuciya ce, in ji likita daga baya.

Balaraba ta ɗaga sana'a, ta koma gidan makoki tana dafa wa baƙi abinci har aka kai gawarsa ƙauyensu aka dawo.

Bayan mutane sun watse, wata safiya Chundung ta fito tana jan bencin, Balaraba ta tashi ta kama mata ɗaya gefen. Suka ajiye shi kusa da tanda. Ƙafafunsa huɗu sun zauna daram, sai dai rabin samansa ne kawai aka goge.

Chundung ta zauna. Balaraba ta zuba mata masa mai zafi a faranti. Chundung ta riƙa shafa katakon da tafin hannu, sumul, har ta kai inda kaushi ya fara. Nan ta bar hannunta, masar tana hucewa a gefenta.