Ranar Da Aka Riƙe Ƙofar Kwaya

Hajiya Safara'u ba ta yarda da abin ba tun ranar da motar shela ta ratsa Ƙofar Kwaya. Wai Hukumar Gwajin Lokaci za ta riƙe unguwar daga hantsin Laraba zuwa washegari. Duk wanda ke ciki zai tsaya cak, tukunyar da ke kan wuta ma ta tsaya, sai an saki a ci gaba kamar ƙiftawar ido. Wai in gwajin ya yi kyau, nan gaba ko gobara ta tashi sai a riƙe ta har 'yan kwana-kwana su iso. Mai unguwa ya sa hannu, an zagaye unguwa da jar igiya, an ce wanda bai so ya fita kafin a busa jiniyar farawa.

"Lokacin ma sai sun taɓa shi?" in ji ta. "Ruwan famfo ya gagare su, sai lokaci!"

Abin da ya fi damunta yana kwance a ɗaka. Mijinta Malam Hadi ya jima ba lafiya, asibiti sun ce a koma gida a ci gaba da addu'a. Ba ya cin komai, ba ya faɗin komai sai sunan Bashira, ɗiyarsu da ke aure a Fatakwal. To mutumin da numfashinsa ke fita da ƙyar, in na'ura ta tsai da shi, wa ya ce zai tashi? Kuma yinin da aka riƙe ɗin, ina yake tafiya? A cikin kwanakin wa za a cire shi?

Ranar Talata maƙwabciyarta Fadila ta shigo aron turmi, ta rage murya.

"Hajiya, kin san ba yanzu ne layinmu ba? Sai bayan damina aka sa mu. Mudassir ɗinki ne ya yi ta sintiri ofis-ofis har aka matso da shi."

Hajiya ta miƙa mata turmin. Mudassir ma'aikacin hukumar ne, kuma ɗanta na fari. Ɗan fari kuwa, a gidan da ta taso, ba a kama sunansa, ba a zama hira da shi. Tun yana goye ba ta taɓa ɗaukarsa a gaban mutane ba, kakarsa ce ta rene shi. In tana da magana sai ta ce wa bango, "A gaya ma wancan abincinsa na nan." Shi ma in ya zo gaisuwa daga bakin ƙofa yake durƙusawa, kansa a ƙasa, ya miƙe.

Da yamma ya zo. Ya daɗe a ɗakin ubansa, ya fito idanunsa jawur, ya durƙusa a inda ya saba.

"Hajiya, gobe don Allah kada a motsa Malam. A bar shi nan."

Ta kau da kai tana tsince shinkafa. Tambayar na bakinta: don mi? Amma yau ta fara titsiye ɗan fari kamar wata marar kunya? Shi ma ya buɗe baki ya rufe. Wane ɗa ne zai dubi uwarsa ya ce mata ubansa ba zai kai jibi ba? Ya tashi ya fita.

A bar shi nan! Wato so suke su gwada abin a kan marar lafiya, su ga iyakarsa, yaro ya samu ƙarin girma. Ranta ya ɓaci ƙwarai, har ta yi kuka a madafa.

Da safe, kafin a busa, ta kira ƙanenta Hussaini. Suka naɗe Malam a bargo, suka bi ta lungun baya da shi a Keke Napep sai gidan Hussainin a Ƙofar Kaura. Da ta ji ƙarar busar daga nesa har hamdala ta yi, ta ce ta tsere da mijinta.

Bayan la'asar Malam ya kira Bashira sau biyu, ya yi kalmar shahada, ya cika.

Mudassir ya iso da rigar hukuma a jikinsa, yana haki. Bai shiga wajen uwar ba, a zaure ya tsaya da kawunsa, ita kuma tana jin su ta bayan labule.

"Kawu, wa ya fito da shi? Bashira na hanya, ta wuce Lokoja. Gobe da safe za ta iso. Kwana ɗaya kawai nike nema mishi, Kawu. Da yana ciki da ta tarar da shi da rai."

Ƙannen Malam, da limamin da suka yi shekaru a sahu ɗaya, duk suna can bayan jar igiya a tsaye cak, ba wanda zai san an yi jana'iza sai an riga an rufe.

Wayar Hajiya ta yi ƙara a gefen zane. Ta ɗauka.

"Mama, ni ce," in ji Bashira, ana jin gurnanin mota a bayanta. "Yaya ya ce in kwantar da hankalina, ya shirya komai, zan same shi. Kuna ciki dai ko? A'a, to ya aka yi wayarki ke shiga?"