Matar Orrin Batiste a Gaban Kyamara

Tun da aka sako Orrin Batiste daga kurkuku, bayan shekaru ashirin da ɗoriya kan kisan da bai yi ba, bai samu wata sana'a ba sai zama gaban kyamara. Masu shirya finafinan labarin gaskiya suka yi ta sallama gidansa a birnin Baton Rouge. Su zaunar da shi bakin taga, su maƙala masa makirfo a wuyan riga, ya ba da labarinsa. Har ya san inda zai yi shiru, da inda zai sunkuyar da kai. A shagon aski ana tsokanarsa, wai ga tauraro mai hawa bas.

Wata Lahadi 'yarsa Charmaine ta zo masa da tukunyar shinkafa da jan wake, cikinta ya tsufa. Tana goye aka kama shi, mahaifiyarta Odile kuma ta rasu yana ɗaure, kaka ce ta rene ta. Suna cin abinci ta ce ya gaya mata wace irin mace ce Odile.

Orrin ya gyara zama, ya fara cewa mace ce da in ta shigo ɗaki... Charmaine ta ƙarasa masa maganar, kalma da kalma.

"Baba, wannan na ji shi a fim uku. Babu kowa a nan sai ni."

Ya lalubi zuciyarsa. Muryar Odile ta ɓace masa, haka tafiyarta, haka abin da ke sa ta fushi. Jimlolin nan ne kawai suka rage, sun sha maimaici har sun yi santsi. Charmaine ta jira, ta gaji, ta ɗauki jakarta.

Ranar Laraba wasu sababbin masu fim suka zo. Orrin ya ce ban da zancen matarsa. Daraktan ya yi ta lallashi, ya ce ai nan ne zuciyar fim ɗin, in babu shi gara su naɗe kayansu. Orrin ya dubi fitilun da aka riga aka kunna, sai ya maimaita musu jimlolin nan kan Odile. Mai riƙe da kyamara har ta share hawaye.

Da suka tafi ya kira Charmaine, mijinta ya ɗauka, ya ce ta kwanta. Bayan sati biyu ta haifi mace, ta sa mata sunan kakar da ta rene ta, ba na Odile ba.