Jan Gyalen Kawu Parvez

"Ke tsohuwa, mayar da shi baya, wajen ya wuce," in ji Kawu Parvez daga kan gado.

"Tsohuwa uwarki," in ji Kawu Shabbir, ya danna bidiyon.

Haka suke kiran juna, shekara talatin suna ɗaki ɗaya a saman namu a Karachi. Na hau ne da romo, in kuma ɗauko 'yata Rubab. Na same ta zaune, Kawu Parvez na taje mata kai duk da ciwon da ya kwantar da shi. Ni in na ɗauko mataji, ihu take kamar za a yanka ta.

A talabijin, maza ne cike da saman wani bene, wasu da kayan mata, ana kiɗa ana rawa. Na rufe mata ido, ta ture hannuna.

"Mama, ga Kawu da jan gyale!"

"Duk sun mutu, Samina," Kawu Parvez ya ce mini. "Benen ma ya zama shagon waya."

Kawu Shabbir ba talabijin yake kallo ba, shi yake kallo. Mijina yana Dubai, ko ranar aurenmu bai yi mini irin wannan kallon ba. Na dire kwanon da ƙarfi, na ja yarinya muka sauka.

Ranar Laraba Kawu Parvez ya cika. Ƙaninsa, wanda bai taɓa leƙo shi ba, ya iso da 'ya'yansa.

"Wankan gawa na dangi ne, malam. Jira a waje."

Kawu Shabbir ya tsaya a matakala, riƙe da tawul. Na ga suna zuba kaset-kaset a buhu, za su ƙone. A bayan kowanne an rubuta bikin wane da wance, don ɓad da sawu.

Wallahi sai da na ji wani sanyi a raina. Sai Rubab ta ja zanena.

Na shiga, na zaro mai tsagaggen murfi, na jan gyalen da muka gani rannan.

"Wannan na bikin yayata ne, Alhaji. Aro ya yi."

Ya ƙare mini kallo, ya kau da kai.

Na'urar bidiyon kam sun tafi da ita. Da la'asar Kawu Shabbir na zaune a tabarmarmu, ya sa yatsa a ramin kaset ɗin yana naɗe zaren baya a hankali. Rubab ta ɗauko mataji, ta dube shi, ta dube ni, sannan ta zauna tsakaninmu.