Iyakarta Kwalbati

Jiya mafarki bai ma jira dare ba. Ina idar da sallar Azahar na kishingiɗa a kan darduma, sai ga shi ya zo ya same ni. Laifin Malam ne, maigidana. Mutum da furfurarsa, malamin lissafi guda, amma tun da ya sayi sabuwar waya ba shi da aiki sai buga gem. Ina kwance yana gefena yana ta danne-danne, yana yi mini bayanin da ban tambaye shi ba. Wai a cikin wasan ba a barin mutum ya fita gari sai ya zaɓi abokin tafiya, wanda zai riƙa bin sa a baya yana taya shi faɗa. Na ce Allah ya ba da sa'a, na juya masa baya.

Sai na gan ni a cikin wayar.

Garin da na faɗa Dutsin-Ma ne, inda aka haife ni, sai dai an sake masa zama. Gidaje duk sun zama masu kusurwa huɗu kamar sabulun wanki. Rana tana ƙasa, an ajiye ta a kan faifai a tsakiyar kasuwa, inuwar kowa kuma tana saman kansa tana bin sa. Ƙuli-ƙuli na yawo a iska jere-jere, wanda ya yi tsalle ya taɓa ɗaya sai a ji ƙilin. A saman kaina zukata uku ne jajaye suna lilo. Can a sararin sama kuma ga wani ƙaton batir a kwance, kore shar, yana raguwa a hankali. Ban yi mamakin komai ba. Na gyara ɗaurin ɗankwalina don kada ya taɓa zukatan, na kama hanya.

Mutanen garin kowa magana ɗaya tak aka ba shi. Na tsaya gaban wani mahauci na gaishe shi.

"Ina wuni, Malam?"

"Akwai dodo a bayan dutse."

"Ya iyali?"

"Akwai dodo a bayan dutse."

Na ce to madalla, a gaishe su.

Ban san yadda aka yi ba, sai ga ni a wani ofis mai fanka. Fankar a tsaye take, ɗakin ne ke juyawa. A bayan tebur wata zabuwa ce zaune da tabarau, irin ma'aikatan nan da suka gaji da jama'a tun kafin su zo aiki. Ba ta ɗago ta dube ni ba.

"Hansatu ko? Ba a fita gari sai da abokin tafiya. Ga su can a benci, zaɓi ɗaya kafin caji ya ƙare."

Na duba bencin. Na farko wani jarumi ne da takobin da ya fi shi tsawo, duk motsin da ya yi sai ya bugi wani abu ya ce a yi haƙuri. Na biyu kada ne cikin babbar riga, riƙe da lema. Na uku buta ce. Zabuwa ta ce butar ta san kowace hanya a duniya, illarta ɗaya, saurin kuka. Ina cikin tunanin ko in ɗauki butar, ko ba komai ta yi mini amfani wajen alwala, sai idona ya faɗa ta taga. Na hango Kulu.

Kulu ƙawata ce ta ƙuruciya, katanga ɗaya ta raba gidanmu da nasu. Babanta direban babbar mota ne. Wata shekara na tafi ƙauye wurin kakata hutu, na dawo na tarar da kwaɗo a ƙofarsu, aka ce ya kwashe su sun koma Agadas. Ko sallama ba mu yi ba, kuma tun daga ranar ban sake jin ɗuriyarta ba. To ga ta nan tsaye a gindin darbejiyar ƙofar gidansu. Ta girma kamar yadda na girma, har da 'yar furfura a gefen goshi, amma kayan firamare ne a jikinta, tana gwaguyar goruba hankalinta kwance. Daɗi ya kama ni har zukatan da ke kaina suka yi karo da juna.

Na ce, "Ranki ya daɗe, waccan nake so."

Zabuwa ta leƙa ta saman tabarau. "Waccan ba abokiyar tafiya ba ce. Kayan unguwa ce, kamar bishiya da rijiya. An ajiye ta ne don wurin ya yi kama da gida."

"Ai ta fi mai takobin nan zuciya. Ita ke tare mini faɗa a makaranta."

"Na ji. Iyakarta kwalbati."

Na san kwalbatin da take nufi. Yana ƙarshen layinmu, gaba da makarantarmu, inda kwalta ta fara. Iyayenmu sun kafa mana doka a kansa, duk yarinyar da ta tsallaka shi ranar sai jikinta ya gaya mata.

Zabuwa ta ce, "Da abin da kika tuna aka ƙera ta. Kin taɓa ganinta a tsallaken kwalbati?"

Na lalubo iya lalubawata. Ban taɓa ba.

"To kin gani. Ba a zana mata ƙafafun can ba. Na gaba!"

Babu kowa a bayana, amma na ba shi wuri.

Sai ga ni a gindin darbejiya. Kulu ta dube ni kamar jiya muka rabu, ta miƙo mini gorubar da ta ci rabi. Na karɓa na gwaguya.

"Mu je in raka ki," in ji ta.

Ashe ita ma maganarta ke nan guda ɗaya. Muka jera, kafaɗarta tana gugar tawa. Na shiga ba ta labari ba tsari. Na ce mata na yi aure, mijin ba laifi, sai dai wasan yara a waya. Ta ce, "Mu je in raka ki," tana dariya har da riƙe ciki. Na ce mata 'ya'yana huɗu, babbar har ta fi ni tsawo. Ta ce, "Mu je in raka ki," ta riƙe haɓa. Na ce mata Inna ta rasu, ga gwiwa ta fara damuna. Ta tsaya ta dafa ni, ta faɗi maganar a hankali, kuma wallahi duk cikin masu yi mini gaisuwar Inna babu wanda ya yi mini wadda ta kai wannan.

Muna isa kwalbati na taka na haye. Kulu ta ɗaga ƙafa, sai goshinta ya bugi wani abu da ba a gani, ƙwas, kamar gilashi. Na kamo hannunta na ja, hannun ya zo, ita ba ta zo ba. Na durƙusa na ce ta hau in goya ta. Na goya ta kuwa, na yunƙura, muka zube tare, zuciya ɗaya ta faɗo daga kaina ta gangara cikin kwata. Wani kwaɗo ya ɗauke ta ya yi godiya.

Na ɗaga kai na dubi batir. Ya wuce rabi, ya koma ruwan ɗorawa. Raina ya ɓaci ƙwarai. Na same ta bayan tsawon shekarun nan, kuma wai a kan wani guntun siminti za a sake raba mu.

Kulu ta kakkaɓe siket ɗinta, ta juya za ta koma gindin bishiyarta. Ni kuwa bakina ya riga tunanina.

"Tsaya mana. Ni ma mu je in raka ki."

Ai haka muke yi tun asali. Ta rako ni, in raka ta, ta sake rako ni, magana ba ta ƙarewa, har sai Inna ta leƙo da muciya a hannu. Wanda aka raka ba ya barin mai rakiya ya koma shi kaɗai, ko a wace ƙasa ce. Muka koma darbejiya. Muna isa ta ce, "Mu je in raka ki." Muka dawo kwalbati. Na ce, "Mu je in raka ki." Muka koma. Tun ina ƙirga sawu har na daina. Ƙasar layin ta lotsa saboda zirga-zirgarmu, kaji suka jeru a gefe suna kallo.

A wani dawowar ne, muna tsakiyar layi, Kulu ta tsaya ta dube ni sama da ƙasa.

"Hansatu," in ji ta, "kin yi ƙiba."

Garin ya yi tsit. Ƙuli-ƙulin da ke iska ya zubo ƙasa gaba ɗaya.

"Ke kuma har yanzu bakinki bai mutu ba," na ce, hawaye na zubo mini ina dariya.

"Ina zai mutu? Tun yaushe nake tsaye a nan da magana cike da ciki, ba wanda ya taɓa mayar mini da rakiya. Kowa in na kai shi kwalbati sai ya wuce abinsa."

Daga nan bakinta ya buɗe. Ta ba ni labarin Agadas, da yashin da ke shiga har cikin tuwo, da yadda ta yi ta kuka a bayan mota tana cewa a tsaya ta gaya wa Hansatu. Ta tambaye ni ko har yanzu ina tsoron ƙadangare. Na ce na daina. Ta ce ƙarya nake.

Muna kan kwalbati sai ga dodo ya iso a ƙafa, yana haki. Ƙato ne baƙi mai ƙaho, da 'yar jakar ledarsa a hannu.

"Baiwar Allah, tun safe nake bayan dutse ina jira a zo a kashe ni. Abincina har ya huce."

Kulu ta ce, "Rakiya muke yi."

"Au! Ku yi haƙuri, ban sani ba." Ya nemi gefen kwalbati ya zauna, ya buɗe ledarsa.

Can sai ga Zabuwa a kan keke, tana taka feda da ƙafa ɗaya. Ta tsaya ta dube mu, ta dubi sama. Batir ya yi ja, saura ɗan siriri.

"An zauna a kan maganarku," in ji ta. "Ba za ta tsallaka ba, wannan babu canji. Amma an duba ko'ina ba a ga inda aka hana rakiya ba. Ke Hansatu, caji ya kusa ƙarewa. In kin tsaya a nan har ya mutu, da ke da ita duk za a goge. In kin wuce, za a adana ta."

Na dubi Kulu. Ita ko a jikinta. Ta gyara mini mayafi a kafaɗa, ta cire mini wani zare da ya maƙale.

"Wuce abinki," ta ce. "Ina nan tsaye har ki sha kwana."

Haka ake rufe rakiya dama. Mai rakiya ba ya juyawa sai wanda ya rako ya ɓace masa. Na taka kwalta. Na ɗan yi gaba, na waiwayo na tambayi Zabuwa ina kwanar take, don in san inda zan yi kallon ƙarshe.

Ta ce, "Babu. Mai zana hanyar ya tafi cin abinci kafin ya sa kwana, bai dawo ba."

Na ci gaba da tafiya. Na wuce wani kogi da kifaye ke zaune a bakinsa suna kama masunta. Na wuce wata tasha inda motoci ke hawa kan fasinjoji. Na ratsa daji, na hau dutse, na sauka. Duk inda na waiwaya Kulu tana nan a kan kwalbati, hannunta a sama, ba ta ƙanƙance ba, ba ta yi nisa ba. Ko kwalbatin ne ke biyo ni, ko hanyar ce ke tafiya ni ina tsaye, oho. Ni dai na san akwai mai kallon bayana, kuma ban taɓa jin tafiya ta yi mini daɗi haka ba. Na ɗaga mata hannu ni ma. Ta yi mini gwalo.

Ƙwas, ƙwas, ƙwas.

Na buɗe ido. Mai gyaran takalmi ne ke wucewa ta bayan tagarmu yana buga akwatinsa. Ina kwance a kan darduma, hannuna na dama yana sama. Na bar shi a haka, ban sauke ba, har sai da ƙarar akwatin ta sha kwana.