Tsallaken da Bashar Ya Mayar

Ni gajere ne, gara in faɗa da bakina kafin wani ya riga ni. Shi ya sa ranar da shugaban makarantarmu ta sakandare a Bungudu ya kira ni ya ce, "Malam Bala, kai ne mataimakin mai koyar da ƙwallon kwando," na ɗauka zolaya ce. Labarin ƙasa nake koyarwa. Abin da ya ja mini muƙamin kawai shi ne ina da usur, wanda na saya don korar awaki daga lambun makaranta.

Mai koyarwar shi ne Ɗanlami Rawayya. Saboda tsawonsa, idan zai shiga ofishin malamai sai ya rusuna kamar mai gaida surukai. Shekara tara ya yi yana buga ƙwallon kwando ana biyansa, biyar a Legas, huɗu a Abijan, har gwiwarsa ta hagu ta ce ita kam ta gaji. Ya dawo gida a 1997 da akwati ɗaya da ƙwallo biyu da takalman da za a iya shanya barkono a cikinsu. A Rawayya babu wanda ya gane irin aikin da ya yi a can. Mahaifinsa ya saurari bayanin har ƙarshe, ya jinjina kai, ya miƙa masa fartanya. Kwana uku ya yi a gona bayansa ya ƙage, don ba a taɓa sassaƙa ƙotar da ta dace da mutum irinsa ba. A rana ta huɗu ya zo makarantarmu ya ce zai koya wa yara wasan kyauta.

Mai walda ya lanƙwasa mana rodi biyu suka zama kwanduna, muka kafa su a jikin turaku, muka share filin bayan ajujuwa. Yaran da muka samu 'ya'yan manoma ne daga Rawayya da Karakkai, ga ƙarfi ga gudu, amma da zarar ƙwallo ta shiga hannun ɗayansu sai ya rungume ta ya zura kamar wanda ya kamo kaza. Wata huɗu Ɗanlami ya yi yana dasa musu doka ɗaya: in ka riƙe ƙwallo, taku biyu kawai gare ka, na uku laifi ne, an karɓe. Ni kuma aikina in busa usur. Na busa har leɓena ya yi kanta.

Kowace Juma'a da safe yakan jera su a jikin bangon aji ya auna tsawonsu da alli. Yana yi yana wa'azi.

"Ku ji ni da kyau. Wasan ga, tsawo shi ne gaba da komi. Gudu ana koyo nai, jifa ana koyo nai, amma tsawo sai Allah. Duk wanda Allah ya ba, shi riƙe shi da kyau."

Yana faɗin haka ina tsaye a gefensa riƙe da allin, kaina daidai aljihun rigarsa. Bai taɓa lura da cewa maganar tana sukata ba, ni kuma ban taɓa yafe masa ba.

A cikin yaran akwai Bashar, ɗan shekara goma sha bakwai, shiru-shiru, mai hannu kamar faranti. Shi ne ya fi kowa. Ɗanlami ya ce masa in ya ƙara inci uku, da kansa zai kai shi Legas wurin tsofaffin abokansa. Tun daga ranar Bashar yake kama reshen darbejiya yana lilo kowace safiya don ya ƙara tsawo.

A tsakiyar 1998 labari ya zo daga Gusau. Alhaji Abubakar Sadiƙ mai motocin haya ya ga wasan a talabijin ya burge shi, zai kafa ƙungiya, yana neman koci na dindindin, da albashi da ɗaki a Sabon Gari. Mutum biyu suka nema: Ɗanlami, da wani Yakubu na Tsafe, tsohon soja da bai taɓa buga wasan ba sai a littafi. Alhaji mutumin tasha ne, ba ya son dogon zance. Ya ce kowa ya kawo yaransa su kara, wanda ya ci shi ne koci.

A hanyarmu ta zuwa Gusau, mu biyu a gaban mota, gwiwoyinsa sun kusa taɓa haɓarsa, Ɗanlami ya yi mini maganar da bai taɓa yi ba.

"Malam Bala, shekarata talatin da biyar. Ban iya noma ba, ban iya saye da sayarwa ba. Wanga abu ɗai na iya. In na rasa aikin ga, ban san abin da zan ce ma tsoho ba."

Na ji tausayinsa ƙwarai, har na manta da zancen aljihun riga.

An yi wasan bayan la'asar a wani filin siminti a Sabon Gari. Mutane sun cika, yawancinsu 'yan tasha da suka biyo Alhaji, ba su san dokar wasan ba amma sun iya ihu. An ajiye wa Alhaji kujera a inuwa, direbansa ya tsayar da mota kusa, don an ce daga nan Kaduna zai wuce. Yaran Yakubu ba su kai namu iyawa ba, sai dai sun sha horon soja, ba sa gajiya, ba sa jin zafin gwiwar hannu. Ƙaraminsu wani Yari ne, ɗan shekara goma sha huɗu, yana shiga tsakanin ƙafafun mutane kamar ɗan akuya. Kakarsa, Inno Tambaya, ita ta raine shi, kuma ta ce ba mai kai mata jika Gusau ba tare da ita ba. Ta shigo motar 'yan wasa da tabarmarta, ta shimfiɗa a bakin layi.

Saura daƙiƙa tara a tashi, Tsafe na gabanmu da maki ɗaya, ƙwallo kuma a hannunsu. Sai Bashar ya miƙa wannan hannu nasa ya fizge ta, ya nufi kwando yana buga ta a ƙasa. Yari ya yo kansa a guje, santsi ya kwashe shi, ya faɗi ya miƙe samɓal a kan hanya. Bashar bai ko rage gudu ba, ya yi sama ya haye shi. Babu kowa tsakaninsa da kwando. Taku biyu da jefawa, shi ke nan, Ɗanlami ya zama koci. Ni har na fara tsalle.

Sai wata murya ta tsaga filin.

"Wayyo ni Tambaya! Ya tsallake shi! Kai ɗan nan, ka tsallake min jika! Maida! Maida tsallakenka, don girman Allah!"

Duk wanda ya tashi a ƙasar nan ya san zancen. In ka tsallake yaro yana kwance, ko ƙafafunsa in ya miƙe su, tsawonsa ya tsaya ke nan, sai fa in ka koma da baya ka sake tsallake shi. Ni malamin makaranta ne, na san camfi ne, a aji ma haka nake faɗa. Amma ina shekara tara yayana ya tsallake ni a zaure, na yi kuka na yi roƙo ya ƙi mayarwa, ya tafi Funtuwa. Ban ce shi ya jawo ba. Ku dai dube ni.

Bashar ya tsaya cak a ƙarƙashin kwando, ƙwallo rungume a ƙirjinsa. Ɗanlami yana ihu, "Jefa! Jefa, Bashar!" Ni ma ina ihu, sai dai har yau ban tabbatar da abin da nake cewa ba. Yaron ya dubi kwando, ya waiwaya ya dubi Yari, wanda ya ƙi tashi, yana kwance yana jira, idonsa cike da hawaye. Sai Bashar ya juya. Taku ɗaya, biyu, uku, huɗu, biyar, duk da ƙwallo a hannu, a gaban mutumin da ya yi wata huɗu yana hana shi na uku. Ya juya wa Yari baya, ya ɗaga ƙafa a hankali ya mayar da tsallaken.

Alƙalin wasa ya busa laifi, kafin Tsafe su jefo ƙwallo lokaci ya cika. 'Yan tasha suka ɓarke da tafi, don a ganinsu wannan ne abu mafi ma'ana da aka yi tun da aka fara. Inno Tambaya tana ta sa albarka: "Allah shi yi ma albarka, ɗan mutanen kirki! Allah shi ba ka mata tagari!"

Ɗanlami ya isa wurin Bashar yana ɗingishi. Yaron ya riga ya zube a bakin layi, ya miƙe ƙafafu, ya sunkuyar da kai.

"Mi ka yi? Mi ka yi min, Bashar? Camfin tsohuwa ka biye ma?"

"Koci, kai ka ce tsawo shi ne gaba da komi," in ji Bashar. "Kai ka ce sai Allah. Yaron ga ƙarami ne, bai gama ba. Ƙaƙa zan tsaida mai nashi?"

Ɗanlami ya dafe kai. Ni na ja rigarsa na nuna masa Alhaji, wanda ya riga ya miƙa wa Yakubu hannu, ya tashi yana gyara babbar riga ya nufi mota.

"Yi sauri," na ce. "Ka ce masa 'yar kallo ce ta shiga wasa, doka ta hana. Ka roƙi a sake ko da minti biyar. Mutumin nan in ya shiga mota, magana ta mutu."

Hujja ce mai kyau, kuma na ga Alhaji yana waiwaye kamar mai jiran a ce masa wani abu. Ɗanlami ya zabura. Hanya mafi kusa ita ce ta inda Bashar ke zaune, kocin kuma mutum ne da taku ɗaya nasa ya yi uku nawa. Bai ko duba ƙasa ba, ya haye ƙafafun yaron ya wuce.

Ya yi taku shida ko bakwai kafin ya ji shirun. Filin nan da ke ta hayaniya ya yi tsit. Inno Tambaya ta dafe baki. Ɗanlami ya waiwaya. Bashar bai roƙa ba, ya dai ɗago kai yana kallonsa, ƙafafunsa a miƙe inda aka bar su, bai yarda ya motsa su ba. Inci ɗaya da rabi ya samu cikin ukun da aka ce masa.

A can direba ya buɗe wa Alhaji ƙofa.

Na ga Ɗanlami ya dubi motar. Na ga ya dubi yaron. Ya ce, da ƙarfi yadda kowa zai ji, "Camfi ne! Wallahi camfi ne!" Sannan ya juyo yana jan wannan gwiwa tasa, ya dawo, ya juya wa yaron baya, ya dafa kaina don kada ya faɗi, ya ɗaga ƙafa ya mayar.

Muna jin motar ta tashi ta hau titi. Ɗanlami bai waiwaya ba. Ya tsaya yana haki, hannunsa har yanzu a kaina, ban kuma ture shi ba. Can ya sunkuya ya kama Bashar ya miƙar da shi tsaye, ya kakkaɓe masa ƙurar wando.

"Share hawayenka," ya ce. "Litinin da la'asar, kowa shi zo hili. Malam Bala, ka zo da usur."